Ja Ta Fi Tsawo

A wani gidan haya mai ɗakuna a jere da famfo ɗaya a tsakar gida, an yi wani direba da duk layin ke kira Furofesa. Karatunsa bai wuce inda na kowa ya tsaya ba. Mota yake tuƙa wa wata cibiyar nazarin halayyar jama'a, sai dai Allah ya hore masa kunne. Duk abin da masana suka tattauna a kujerar baya, da yamma zai sauke shi a bakin famfo da zafinsa, kamar daga kansa ya fito. Mai Aski, maƙwabcinsa na ɗakin ƙarshe, shi ya laƙaba masa sunan don tsokana. Gogan naka kuwa ya karɓa hannu bibbiyu, har ta kai in ka ce masa Direba sai ya waiga ya ga da wa kake.

Wadda ya fi ɗauka a motar ita ce Dakta, mace marar hayaniya. Aikinta ta tara mutane kaɗan a ɗaki ta ga yadda suke yanke shawara: wa ke fara magana, wa ke bi, wa ke haɗiye ra'ayinsa don kada ya zama saniyar ware. Wata rana a hanya ya ji tana ba abokin aikinta labarin wani gwaji. Za a nuna wa mutane abu biyu, dogo da gajere. Duk an haɗa baki da su a asirce su ce gajeren ne dogo, ban da mutum ɗaya, wanda za a tambaya daga ƙarshe. Sau da yawa, in ji ta, sai mutumin ya ƙaryata idonsa ya bi jama'a. Ta ƙara da cewa tana neman mataimaki da zai riƙa shirya mata irin wannan zama.

Furofesa ya kusa hawa kan wani mai keke.

"Ranki ya daɗe," ya ce, "ai mataimakin naki tun safe ƙeyarsa kike kallo."

"Kai? To wa zai tuƙa ni?"

"Tuƙi ai na yara ne. Ni fa halin ɗan Adam a tafin hannuna yake. Wannan gwajin a tsakar gidanmu zan yi miki shi, da mutane na gaske, ba ɗalibai masu neman maki ba."

Dakta ta yi dariya ta ce za ta biyo ranar Asabar da la'asar, in abin ya yi kyau za ta duba maganarsa. Ta ce amma ya nemi yardar mutane tukuna, kuma in an gama a yi wa wanda aka gwada bayani, kada ya tafi da ciwo a rai. Furofesa ya ji Asabar, ya ji za ta duba. Sauran ya shiga ta kunnen dama ya fice ta hagu.

Da ya dawo gida bai ko cire takalmi ba. Ya tsaya a bakin famfo ya yi gyaran murya.

"Jama'a, ku shirya. Ranar Asabar manya za su zo bincike a gidan nan."

Ya shige ɗaki yana jin daɗin yadda kowa ya yi tsit. Shi bincike na ilimi yake nufi, su kuwa bincike ɗaya suka sani, wanda ake zuwa da mota a ɗaga katifa. Kafin ya gama cin abinci wutar gidan ta ɗauke, don Makanike, ɗaya daga cikin 'yan hayar, ya hau katanga ya tsinke wayar da ya jawo musu ta bayan mita. Tela, shi ma ɗan haya, ya tura buhu biyu na ragowar yadin mutane ƙarƙashin gadon Furofesa, wai ɗakin ma'aikaci ba za a taɓa ba. Baba, mai gidan, tsoho mai nauyin ji, ya fito da guduma zai rushe ɗan shagon da ya ƙara a bakin ƙofa ba da izini ba.

"Baban yara, fito ka ga aikinka," in ji matar Furofesa daga cikin duhu.

Da ƙyar ya riƙe hannun Baba. Ya yi ta rantsuwa cewa ba hukuma ba ce, malama ce guda ɗaya da jakarta.

"To me ta rasa da za ta bincike mu?" in ji Tela.

"Halinku za ta duba."

"Halinmu? Gara ta duba ƙarƙashin gadon," in ji Makanike.

Mai Aski na zaune a ƙofarsa yana fifita da kwali. "Furofesa, sannu da ilimi. Kalma ɗaya ka furta gida ya koma duhu. Ranar da ka yi lacca sai mu kwana a titi."

Nan take Furofesa ya san wanda zai gwada. Mutumin nan ya daɗe yana yi masa dariya a gaban jama'a. To ranar Asabar zai ga Mai Aski ya kalli gajeriyar igiya ya ce doguwa ce, a gaban Dakta, a gaban kowa.

"Kai dai jira," ya ce. "Yawancin mutane tumaki ne, inda na gaba ya sa ƙafa nan suke sawa. Irinmu da ba a juyawa ba mu da yawa. Ni ko duniya ce ta taru ta ce fari baƙi ne, zan ce ƙarya take."

"Allah ya ƙara basira," in ji Mai Aski.

Washegari ya shiga neman kayan aiki. Ya yanko jar igiya daga wadda Makanike ke jan mota da ita. Shuɗiya kuwa a tsakar gida ya ganta a miƙe, ya sa wuƙa, bai lura da cewa can ƙarshenta wankin matarsa ne a shanye ba. Zannuwa da kayan makarantar yara suka zube cikin caɓin bakin famfo. Matar ta fito ta tsaya, hannu a ƙugu.

"Maman yara, haƙuri za ki yi, ilimi sai da sadaukarwa. In na zama mataimakin Dakta injin wanki zan saya miki."

Ta tsugunna tana tsince kayanta, shi kuma ya ɗauka ta fahimta.

Ya auna igiyoyin, shuɗiya ta ɗara ja da taƙi guda. Ya kafa ƙusa biyu a bangon banɗaki, ɗaya a dama da ƙofa, ɗaya a hagu, ya rataye su. Sannan ya bi mutanen gidan ɗaya bayan ɗaya. Ya ja Tela gefe.

"Sirri ne, don na yarda da kai. Ranar Asabar in na tambaye ka wacce ta fi tsawo, ka ce ja."

"Amma ai shuɗiyar ce."

"Na sani. Mai Aski muke so mu gani ko zai bi."

"Wato ƙarya zan yi."

"Ba ƙarya ba ce, kimiyya ce."

Makanike ya ce zai yi, in dai za a biya shi igiyarsa. Matar Furofesa ta ce to, wani irin to mai sanyi da ya kamata ya ba shi tsoro. Wahalar tana wurin Baba. Furofesa ya kai shi gaban bango lokacin da Mai Aski ke shago, ya sa baki a kunnensa.

"Baba, in na nuna igiya, ja za ka ce."

"Na'am?"

"Ja! Ja!"

Baba ya kama igiyar ya ja da iyakar ƙarfinsa. Ƙusa ta fito da ɓallin siminti, tsoho ya tafi da baya ya zauna daɓas cikin bahon wankin da aka sake jiƙawa.

"Ba ja na ja ba, Baba! Ja na launi!"

"To ka riƙa magana sosai mana! Kuma gyaran bangon nan a kanka yake."

Abin da Furofesa bai lissafa ba, duk da halin ɗan Adam na tafin hannunsa, shi ne mutanen nan sun shekara da shekaru suna layin famfo ɗaya. Mai Aski ne ke yi wa 'ya'yan Tela aski bashi, shi ya kwana a asibiti da Makanike lokacin da injin mota ya faɗo masa a ƙafa. Tun kafin azahar Tela ya leƙa shagon askin ya ce, "Kada ka ce ni na faɗa maka." Bai daɗe da fita ba Makanike ya shigo da irin wannan maganar. Matar Furofesa ta aika ta bakin matar Mai Aski. Baba kuwa da kansa ya zo, ya yi raɗa irin ta masu nauyin ji, wadda har masu jiran layi a waje suka ji.

Mai Aski ya ajiye almakashi ya yi dariya har da riƙe ciki. Sannan ya ce su haɗu bayan shago, yana da 'yar shawara.

Ranar Asabar Furofesa ya sa kwat ɗin da ya aro, mai hannu har kan yatsu, ya soke biro uku a aljihu. Ya jera benci a tsakar gida. Labari ya riga ya zaga layi, don haka ƙofar gida ta cika da 'yan kallo, wasu har kan katanga. Wata tsohuwa ta zo da jikanta mai tari, wai ta ji ana gwaji kyauta kuma likita za ta zo.

"Ba irin wannan Daktar ba ce, Iya," in ji Furofesa.

"To wace iri ce? Dakta ai dakta ce. Ta taɓa shi kawai."

Dakta ta iso a tasi. Ta gaisa da kowa, ta taɓa goshin yaron don a zauna lafiya, ta ba tsohuwar shawara ta kai shi asibiti, sannan ta zauna a kujerar roba da aka goge mata.

"Ka nemi yardarsu?" ta tambaye shi a hankali.

"Ranki ya daɗe, har roƙona suke."

Ya tsaya gaban bango, ya buɗe hannuwa. Ya yi jawabi a kan ƙwaƙwalwa, da tumaki, da yadda shi da Dakta suka daɗe suna wannan aiki tare. Da ya ga ta duba agogo sai ya taƙaita.

"Tela, wacce ta fi tsawo?"

"Ja."

"Makanike?"

"Ja, ko makaho ya shafa."

"Maman yara?"

"Ja."

"Baba?"

Baba ya miƙe ya nufi igiya. Mutum biyu suka riƙo rigarsa. "To, ja," ya ce, ya koma ya zauna.

Furofesa ya juya ga abokin hamayyarsa, zuciyarsa na bugawa don murna. "Malam Mai Aski, kai fa? Ka duba da kyau, ba gaggawa."

Mai Aski ya karkata kai, ya kanne ido ɗaya. "Ja ta fi tsawo."

Furofesa ya daka tsalle har biro ɗaya ya faɗi. "Kin gani, ranki ya daɗe! Kun gani, jama'a! Tunkiya! Ga shuɗiya zololo a gabansa, amma da ya ji mutum huɗu sun ce ja, sai ya bi! Wannan shi ake kira kimiyya!"

Ya jira tafi. Ba wanda ya tafa. Mutanen benci suka kalli juna, suka kalle shi, irin kallon da ake yi wa wanda ya fito da riga a bai-bai.

"Wa na bi?" in ji Mai Aski. "Abin da na gani na faɗa."

"Kai, daina borin kunya. Tela, faɗa masa mun haɗa baki."

Tela ya sosa ƙeya. "Ka dai ce in ce ja. Da na zo na duba sai na ga ai jar ce ma ta fi. Na ce ikon Allah, yau kimiyya ta zo daidai da gaskiya."

"Ni ma na yi mamakin sirrin," in ji Makanike. "Abu a fili, me ye na raɗa?"

"Ku bar wasa! Ni na yanke su da hannuna!"

"Da hannunka ka yanka, Baban yara," in ji matarsa, murya a raunane, "amma da wane ido? Tun watan jiya nake lura da kai. Shekaranjiya gishiri ka zuba a shayi."

"Gwangwanin ne iri ɗaya!"

"Wankina ma bai gani ba, jama'a, zannuwa shirim guda a gabansa."

Daga ƙofar gida aka fara "Ayya", "Allah sarki". Furofesa ya juya ga 'yan kallo ya ce su faɗi tsakaninsu da Allah. Ashe raɗar Baba ta riga ta isa ko'ina. Na kan katanga suka ce ja. Mai shagon kusa ya ce ja. Tsohuwa mai jika, wadda ba ta san ma me ake yi ba, ta ga kowa ya ce ja, ta ce ita ma tun shigowarta ta ga ja.

"Me suke cewa?" in ji Baba.

"Wai idon Furofesa ya taɓu," Mai Aski ya faɗa masa da ƙarfi.

"Subhanallahi! Kuma yake tuƙa mutane?"

Furofesa ya saci kallon Dakta. Ba ta dariya, ba ta ɗaure fuska ba, ta dai zuba masa ido.

"Direba," ta ce, kuma a gaban jama'a sunan ya yi masa zafi, "bar su. Kai nake tambaya. Wacce ta fi tsawo? Ka duba da kyau, don da idon nan kake kai ni ko'ina."

Ya juya ga bango. Shuɗiyar ce, wallahi shuɗiyar ce. To amma ƙofa na tsakaninsu, kuma rana na dukan gefe ɗaya. Kuma Baba ya ja jar nan jiya, wa ya sani ko ta miƙe? Igiyar jan mota ai tana da halinta. Ko ƙusar da ya sake kafawa ce ta sauka? Gishirin nan kuwa da gaske ya zuba shi. In ya ce shuɗiya alhali ja ce, ba mataimaki kaɗai zai rasa ba, har makullin motar sai an karɓe, ya dawo bakin famfo ba kwat ba sitiyari. Mutum talatin ba za su haukace rana ɗaya ba. Gumi ya karyo masa ta cikin kwat ɗin aro. Ya matsa dama, ya matsa hagu, ya kanne ido kamar yadda Mai Aski ya yi. Abin mamaki, sai ya ga jar ta fara yi masa tsawo.

"To... in aka tsaya daga nan," ya ce, murya ƙasa-ƙasa, "aka yi la'akari da haske... ja ta ɗan fi."

"Ba mu ji ba," in ji Mai Aski.

"Ja ta fi tsawo! Dama gwada ku nake!"

Makanike ya kasa riƙewa, ya faɗo daga benci. Gidan ya kece da dariya, har na kan katanga ɗaya ya rikito cikin bahon wanki. Matar Furofesa ta toshe baki da gefen mayafi, kafaɗunta na rawa. Dakta ta tashi, ta zare igiyoyin daga ƙusa, ta haɗa kawunansu ta ɗaga sama. Shuɗiya ta zarce da taƙi guda, daidai yadda ya yanka.

Furofesa ya yi tsuru-tsuru.

"Wa ya shirya wannan?" in ji Dakta. Duk yatsu suka nuna Mai Aski. "Cikin yini ɗaya ka haɗa bakin layi guda, ba wanda ya fasa?"

"Ranki ya daɗe, ba wuya. Kowa na da abin da Furofesa ya taɓa koya masa."

Dakta ta dawo wurin direbanta, ta rage murya, ko da yake ba wanda bai ji ba. "Doka ce a yi wa wanda aka gwada bayani, to ga naka. Idonka lafiya lau. Abin da ya same ka yana samun mutane da yawa, masu hankali ma, ba abin kunya ba ne. Abin kunyar shi ne ka shirya wa maƙwabcinka don a yi masa dariya."

"Wato... na ci gwajin ke nan?"

"Ka ba ni sakamako mai kyau ƙwarai."

"To maganar mataimaki fa?"

"Mutanen nan nake so. Ban taɓa ganin masu haɗa baki irinsu ba, Mai Aski zai riƙa shirya su. Kai kuma kana da babban aiki, kai za ka riƙa kawo su."

Matar Furofesa ta karɓi igiyoyin biyu daga hannun Dakta, ta ƙulla su wuri guda, ta miƙa masa ta ce ya ɗaure mata kafin magariba. Kafin ya gama ɗaurewa yaran layi sun sauke masa Furofesa sun naɗa masa Ja-ta-fi.

Ranar Litinin da safe ya kwashe su a motar cibiya, Dakta a gaba, Mai Aski da Tela da Makanike da Baba a baya, har da matarsa, sun sha ado. A babbar mahaɗa fitilar hanya ta nuna ja, ya taka birki.

"A'a, Furofesa, me kake jira?" in ji Mai Aski. "Kore ne."

"Kore ne," in ji Tela.

"Shar kuwa," in ji Makanike.

"Baban yara, tafi mana, kana tare wa mutane hanya."

Furofesa ya damƙe sitiyari da hannu biyu, ya danne birki. "Ja ne! Wallahi ja ne! Ko duniya ce ta taru, ja ne!"

Ya ƙura wa fitilar ido, ya ƙifta, ya sake ƙura mata. Can ya karkato kansa wajen Dakta, ya yi ƙasa da murya yadda na baya ba za su ji ba.

"Ranki ya daɗe... ja ne, ko?"